Oumarou Ganda: Ɗan dakon da ya lashe babbar kyautar FESPACO ta farko

Shekara 18 kafin fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, wani ɗan Nijar ya riga ya ɗaga babbar kyautar fim ta nahiyar Afirka. Sunansa Oumarou Ganda, Bazabarme da aka haifa a Yamai a 1935.

Yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka tura shi yaƙin Indochina a nahiyar Asiya. Da ya dawo gida bai samu aikin yi ba, sai ya tafi ci-rani Abidjan, inda ya kama dako a tashar jiragen ruwa.

A can ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshe mai bincike kan 'yan Nijar masu zuwa ci-rani gaɓar teku. Da farko Rouch ya ɗauke shi aikin tattara bayanai, daga baya ya ba shi jagorancin fim ɗin Moi, un Noir na 1958.

An ɗauki fim ɗin ba tare da sauti ba. Bayan an haɗa hotunan, Ganda ya zauna yana kallo yana ɗora magana daga kansa, yana faɗin wahalar dako da abin da ya gani a fagen yaƙi. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc a Faransa, amma sunan Rouch ne a matsayin darakta.

Ganda ya koma Yamai, ya koyi sarrafa kyamara a Cibiyar Al'adun Faransa da Nijar. A fim ɗinsa na farko, Cabascabo, ya sake ɗauko labarin tsohon soja, wannan karon shi ne marubuci, darakta kuma jarumi. Sojan ya dawo da kuɗi, abokai suka taya shi cinyewa, suka watse suka bar shi. An nuna fim ɗin a bikin Cannes a 1969.

Sai Le Wazzou Polygame, labarin wani Alhaji da ya auri yarinyar da aka yi wa wani saurayi alkawari, a matsayin mata ta uku. Shi ne ya lashe kyautar Étalon de Yennenga a Wagadugu a 1972, shekarar da aka fara bayar da ita. Jaruma Zalika Souley ta fito a duka finafinan biyu.

A Saïtane ya taɓo malaman tsibbu masu cin amanar jama'a, sannan ya rufe da L'Exilé a 1980.

Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairun 1981. Yau akwai cibiyar al'adu mai sunansa a Yamai, kuma FESPACO na bayar da kyautar Oumarou Ganda ga daraktan da fim ɗinsa na farko ya yi zarra.