Ibrahim Narambaɗa, Mai Kotson Fadar Isa

A Tubali, wadda yanzu take ƙasar Shinkafi, aka haifi Ibrahim Narambaɗa. Mahaifinsa ɗan kokawa ne. Kotso kuwa ta wajen mahaifiya ya gaje shi. Da kiɗan noma ya soma, kafin ya zama makaɗin Sarkin Gobir na Isa, Ahmadu, wanda ya hau karaga a 1935.

Ci da sutura da doki duk daga fada suke zo masa, saboda haka zambonsa kan abokan hamayyar ubangidansa yake sauka. Amma a Bakandamiya, kansa da waƙarsa ya wasa, ba sarki kaɗai ba.

Ya rasu a farkon shekarun 1960. Yau matasan Kano da Maraɗi suna sauraron kotsonsa a waya, alhali matafiya na fargabar 'yan bindiga tsakanin Isa da Shinkafi.