Jan Rush, mai ɗaukar silima

An haifi Jan Rush a birnin Pari, ƙasar Faransa, a shekarar 1917. Ya yi karatun injiniya. A 1941 aka turo shi Nijar aikin hanyoyi. A Yamai ya haɗu da wani saurayi ɗan Sarkawa, Damure Zika. Suka ƙulla abota har mutuwa.

A 1946, shi da abokansa biyu suka bi kogin Kwara cikin kwalekwale har teku. A hanya, ƙafafun na'urarsa ta ɗaukar hoto suka salwanta. Dole ya riƙe ta a hannu, yana bin mutane duk inda suka nufa.

Ya ɗauki Sarkawa suna farautar dorina da zago. A 1954 ya koma Ayoru, ya nuna musu silimar. Da suka gani, sai suka ƙi kiɗan da ya sa a ciki. A wurinsu, kiɗa ƙara wa dorina ƙarfin zuciya yake yi. Rush bai yi gardama ba, ya cire kiɗan.

A nan ne wani maharbi ya gayyace shi ya ga masu harbin zaki da kwari da baka. Ya yi shekaru yana bin su daji. Wannan silima ta ci kyauta a birnin Banis na Italiya a 1965.

Ya rasu ran 18 ga Fabrairu 2004, cikin hatsarin mota kusa da Birnin Ƙwanni. A Yamai aka binne shi.