Alice Guy: Sakatariyar da ta zama mace ta farko mai ba da umarni a harkar fim

An haifi Alice Guy ranar 1 ga Yuli, 1873, a Saint-Mandé da ke gefen birnin Paris na ƙasar Faransa. Mahaifinta mai sayar da littattafai ne a ƙasar Chile. Da kasuwa ta juya masa baya, daga bisani kuma ya rasu, sai ta koyi aikin tafireta domin ta riƙe kanta da mahaifiyarta. A 1894 ta samu aikin sakatariya a wani kamfanin kayan ɗaukar hoto, ƙarƙashin Léon Gaumont.

A wancan lokaci hoto mai motsi sabon abu ne, kuma galibin abin da ake ɗauka bai wuce ma'aikata na tashi daga aiki ko jirgin ƙasa na shiga tasha ba. Alice ta lura cewa na'urar za ta iya ba da labari. Ta nemi izinin maigidanta ta gwada, ya yarda bisa sharaɗin kada aikin ofis ya tsaya. Haka ta shirya La Fée aux choux a 1896, wanda masana ke lissafawa cikin finafinan labari na farko a duniya.

Kimanin shekara 10 ta yi tana shugabantar sashen shirya finafinai na kamfanin Gaumont. A 1906 ta fitar da wani babban fim na tarihi mai ɗauke da 'yan wasa kusan 300, ta kuma shirya finafinai masu sauti tun kafin abin ya zama ruwan dare.

A 1907 ta auri Herbert Blaché suka koma Amurka. A can ta kafa kamfaninta, Solax, a 1910, sannan ta gina katafaren ɗakin shirya fim a Fort Lee da ke jihar New Jersey a 1912. A shekarar ce ta shirya A Fool and His Money, wanda dukkan 'yan wasansa baƙaƙen fata ne.

Ba ta tsaya ga aikin kanta kaɗai ba. A 1914 ta rubuta maƙala a mujallar Moving Picture World, inda ta kafa hujja cewa babu wani ɓangare na shirya fim da ya fi ƙarfin mace, ta kuma yi mamakin yadda mata ba su rungumi sana'ar ba. Maganarta ta yi nauyi, domin mai yin ta ta riga ta shirya ɗaruruwan finafinai.

Sai dai al'amura sun sauya. Harkar fim ta koma Hollywood, kamfaninta ya durƙushe, aurenta ya mutu. Fim ɗinta na ƙarshe ya fito a 1920. Ta koma Faransa a 1922 da 'ya'yanta biyu, ba ta sake samun aikin ba da umarni ba. Abin da ya fi yi mata ciwo shi ne yadda marubuta tarihi suka tsallake sunanta, har suka jingina wasu ayyukanta ga mazan da suka yi aiki a ƙarƙashinta. Finafinan wancan zamani ba kasafai suke ɗauke da sunan wanda ya shirya su ba, yawancin nata kuma sun ɓace. Ta shafe shekarun tsufanta tana rubuta wasiƙu tana cigiyar su.

Ta rasu ranar 24 ga Maris, 1968, a New Jersey, tana da shekara 94. Sai a 1976 aka wallafa tarihinta da ta rubuta da hannunta. Tun 2018 ake ba da wata kyauta da sunanta a Faransa ga mata masu ba da umarni.

Akwai abin lura a nan ga masana'antar finafinan Hausa, wadda ta soma da Turmin Danya a Kano a 1990. Mata da dama sun zuba jari, sun rubuta labari, sun shirya fim a zamanin kaset. Muddin ba a adana ayyukansu da sunayensu tun yanzu ba, abin da ya sami Alice Guy na iya samun su.