Arnold Sommerfeld

Arnold Sommerfeld (5 ga Disamba, 1868 – 26 ga Afrilu, 1951) masanin kimiyyar fiziks ne ɗan ƙasar Jamus. An fi tunawa da shi saboda ɗaliban da ya yaye, domin huɗu daga cikin waɗanda suka yi digirin digirgir a hannunsa sun ci kyautar Nobel.

Farkon rayuwa da aiki

An haife shi a birnin Königsberg, inda ya karanci lissafi ya kammala digirinsa na uku a 1891. Ya yi aiki a ƙarƙashin Felix Klein a Göttingen, ya koyar a Clausthal da Aachen, sannan a 1906 ya zama farfesa a Jami'ar Munich.

Ɗalibansa

Peter Debye ya kammala a hannunsa a 1908, Wolfgang Pauli a 1921, Werner Heisenberg a 1923, Hans Bethe kuma a 1928. A zamanin da farfesoshin Jamus ba su cika sakin jiki da ɗalibai ba, shi yakan gayyace su gidansa, ya zauna da su a gidan shan kofi, har ya tafi da su wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara. Yakan ɗora wa ɗalibi babban aiki tun da wuri. Pauli yana ɗalibi ya ba shi rubuta dogon bayani a kan nazariyyar Einstein, aka buga a 1921.

Heisenberg ya sha da ƙyar a jarrabawar baki, saboda ya kasa amsa tambayoyin Wilhelm Wien a kan na'urorin gwaji. Wien ya so ya kayar da shi, Sommerfeld ya tsaya masa, aka daidaita a kan matsakaicin sakamako. Daga baya Heisenberg ya ci kyautar Nobel ta 1932.

Shi kansa Sommerfeld an gabatar da sunansa sau 84 don wannan kyauta, bai taɓa samu ba.

Ƙarshen rayuwa

Da lokacin ritayarsa ya yi a 1935, ya so Heisenberg ya gaje shi, amma malamai magoya bayan Nazi suka hana, aka ba Wilhelm Müller kujerar a 1939. Ya rasu a Munich bayan mota ta buge shi yana tafiya da jikokinsa.