Katalin Karády

Katalin Karády (an haife ta ranar 8 ga Disamba 1910, ta rasu a watan Fabrairu 1990) 'yar wasan kwaikwayo ce kuma mawaƙiya 'yar ƙasar Hungariya. Tana cikin manyan taurarin fina-finan ƙasarta tsakanin 1939 da 1944, inda ta yi fice wajen fitowa a matsayin mace mai jan hankali wadda maza ke halaka a kan sonta. A wajen Hungariya kuwa an fi saninta da ceto Yahudawa a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, aikin da ya sa cibiyar Yad Vashem ta karrama ta a 2004.

Farkon rayuwa

Sunanta na yanka Katalin Kanczler. An haife ta a unguwar Kőbánya, wata unguwar ma'aikata a Budapest, cikin iyali mai 'ya'ya da yawa. Mahaifinta, Ferenc Kanczler, mai ɗinkin takalma ne, mutum mai zafin hali da tsanani ga iyalinsa. Sunan mahaifiyarta Rozália Lőrinc.

Bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya talauci ya yi wa Hungariya katutu, har ƙungiyoyin agaji suka riƙa ɗaukar yaran talakawa zuwa ƙasashen waje domin a kula da su na wani lokaci. Katalin na cikin waɗanda aka ɗauka, ta yi wajen shekara 5 a Suwizalan da Holan. Da ta dawo gida sai ta shiga makarantar koyon kasuwanci ta 'yan mata. A farkon shekarun 1930 ta auri Rezső Varga, wani jami'in haraji da ya girme ta da kusan shekara 30, amma auren bai yi ƙarko ba.

Shiga harkar wasa

Ta fara koyon wasan kwaikwayo a 1936. Ɗan jarida Zoltán Egyed ne ya hango baiwarta, ya tsaya mata, kuma shi ya ba ta shawarar ta ɗauki sunan Karády. Ya haɗa ta da tsohuwar 'yar wasa Ilona Aczél, wadda ta koya mata wasa da waƙa da yadda ake tsayuwa a gaban jama'a. Daga 1939 zuwa 1941 ta riƙa fitowa a gidajen wasan daɓe na Pesti Színház da Vígszínház a Budapest.

Shahara

Fim ɗinta na farko shi ne Halálos tavasz, wato mummunar bazara, wanda ya fito a 1939. László Kalmár ne ya ba da umarni, an ɗauko labarin daga littafin Lajos Zilahy, kuma ta fito tare da Pál Jávor, fitaccen jarumin wancan zamani. Labarin wani mutum ne da son wata mace ya kai shi ga hallaka kansa. Fim ɗin ya jawo ce-ce-ku-ce, masu ra'ayin riƙau suna ganin ya wuce gona da iri, amma 'yan kallo sun yi ta tururuwa zuwa gidajen sinima. Da wannan fim ɗaya sunanta ya game ƙasar.

Kafin zuwanta, yawancin jarumai mata a fina-finan Hungariya 'yan mata ne masu fara'a da kunya, waɗanda labarinsu kan ƙare da aure. Karády ta zo da wani salo dabam: mace mai kamun fuska, mai yin abin da ta ga dama, ga murya mai kauri wadda ba a saba jin irinta a bakin mace ba. Mata da yawa suka riƙa kwaikwayon gyaran gashinta da shigarta, aka kuma kafa ƙungiyoyin masoyanta a sassan ƙasar. Ta fito a fina-finai wajen 20, kusan dukkansu a shekarun yaƙi. Waƙoƙinta ma sun karɓu ƙwarai, musamman Hamvadó cigarettavég da Valahol Oroszországban, wadda ke magana kan sojojin da aka tura fagen daga a Rasha.

Jaridu sun sa ido sosai a kan rayuwarta, aka yi ta yaɗa jita-jita iri-iri. Abin da ya fi jan hankali shi ne soyayyarta da Janar István Ujszászy, babban jami'in leƙen asiri a gwamnatin Miklós Horthy, wanda har ya nemi aurenta.

Kamu da azabtarwa

Hungariya ta shiga yaƙin ne a ɓangaren Jamus, kuma tun 1938 ta fara kafa dokokin da suka taƙaita aikin Yahudawa, har da na fina-finai da gidajen wasa. Karády ba ta juya wa abokan aikinta Yahudawa baya ba, ciki har da G. Dénes György, marubucin wasu daga cikin waƙoƙinta. Wannan ya sa masu tsattsauran ra'ayi suka tsane ta.

Ranar 19 ga Maris 1944 sojojin Jamus suka mamaye Hungariya. Nan da nan aka daina sa waƙoƙinta a rediyon gwamnati, aka hana nuna fim ɗinta Machita, aka kuma cire ta daga fim ɗin Gazdátlan asszony ana tsakiyar ɗauka. A watan Afrilu 'yan sandan ciki na Jamus, Gestapo, suka kama ta bisa zargin yi wa ƙasashen ƙawance leƙen asiri. Ta yi wajen wata 3 a tsare, ana dukanta ana azabtar da ita. Abokan Ujszászy ne suka yi ƙoƙari har aka sake ta. Ta fito a galabaice, ta kuma tarar an wawashe gidanta.

Ceto Yahudawa

A watan Oktoba 1944 jam'iyyar Nyilaskeresztes ta Ferenc Szálasi, mai goyon bayan 'yan Nazi, ta karɓi mulki. 'Yan bangarta suka riƙa tasa ƙeyar Yahudawan Budapest zuwa bakin kogin Danube, su harbe su, gawarwakin su faɗa ruwa. Duk da abin da ta sha a hannun Gestapo, Karády ta yi amfani da ragowar gwala-gwalanta da kayan ƙawarta ta fanshi wasu yara daga hannun masu gadi kafin a kashe su. Ta ɓoye yaran a gidanta, ta ci gaba da ciyar da su har yaƙin Budapest ya ƙare a watan Fabrairu 1945. A lokacin duk wanda aka kama yana ɓoye Bayahude, ransa ne a kan siraɗi.

Bayan yaƙi da gudun hijira

Ƙarshen yaƙin bai zo mata da sauƙi ba. Sojojin Tarayyar Sobiyet sun tafi da Ujszászy, kuma ba su sake rayuwa tare ba. Baƙin ciki ya kwantar da ita watanni. Da ta samu sauƙi ta koma wasa a gidan wasan waƙe-waƙe na Budapest, ta kuma fito a fim ɗinta na ƙarshe, Forró mezők, wanda aka ɗauko daga littafin Zsigmond Móricz. Sai dai sabuwar gwamnatin kwaminisanci tana kallonta a matsayin tauraruwar zamanin Horthy. A 1949 aka hana nuna fina-finanta, aka kuma rufe mata ƙofar manyan gidajen wasa.

A 1951 ta bar ƙasar. Ta zauna a Ostiriya da Suwizalan da birnin Brussels, sannan a 1953 ta koma São Paulo a Brazil, inda ta buɗe kantin kayan sawa. A 1968 ta ƙaura zuwa New York a Amurka ta buɗe shagon huluna na mata. Ta rayu cikin sirri, tana guje wa 'yan jarida da masu ɗaukar hoto. Da ta cika shekara 70 an gayyace ta ta ziyarci gida, amma ba ta je ba, sai hula kawai ta aika.

Rasuwa da tunawa

Ta rasu a New York a watan Fabrairu 1990 tana da shekara 79. An kai gawarta Budapest, aka yi mata addu'a a babbar majami'ar Szent István, aka binne ta a maƙabartar Farkasrét. A 2001 darakta Péter Bacsó ya shirya fim mai suna Hamvadó cigarettavég domin tunawa da ita. A 2004 Yad Vashem ta sa sunanta cikin jerin salihan al'ummai, karramawar da ake yi wa waɗanda ba Yahudawa ba da suka sa rayuwarsu a haɗari domin ceton Yahudawa.

Wasu daga cikin fina-finanta

Halálos tavasz (1939)
Erzsébet királyné (1940)
Hazajáró lélek (1940)
Ne kérdezd, ki voltam (1941)
Kísértés (1941)
Szíriusz (1942)
Halálos csók (1942)
Makrancos hölgy (1943)