Tarihin John Marshall, Babban Jojin Amurka

An haifi John Marshall ran 24 ga watan Satumba, 1755, a wani ɗan ƙauye na bakin daji cikin ƙasar Virginia, tun Amurka tana ƙarƙashin Sarkin Ingila. Shi ne na fari cikin 'ya'ya 15. Ubansa, Thomas Marshall, aikin safiyo ya ke yi, watau awon ƙasa, abokin George Washington ne kuwa tun suna samari. Yaron bai sami zaman makaranta mai tsawo ba. Galibin abin da ya sani a gida ya koye shi, daga littattafan da ubansa ya tara, cikinsu har da babban littafin Blackstone na dokokin Ingila.

Yana da shekara 19 yaƙi ya tashi tsakanin Amurka da Ingila, a 1775. Ya shiga soja, ya yi yaƙi a Brandywine da Germantown da Monmouth, har ya kai ga muƙamin kyaftin. Yana cikin rundunar Washington da ta sha hunturu a Valley Forge daga ƙarshen 1777 zuwa 1778, inda sojoji suka yi ta mutuwa don yunwa da cuta da rashin sutura. Ba don ƙasar ba ta da abinci ba ne. Jihohi 13 ne, kowace tana ji da kanta, majalisar da ta haɗa su kuwa ba ta da ikon karɓar haraji, sai roƙo. Wannan abin da ya gani da idonsa ya zauna masa a rai, ya sa har ya mutu yana goyon bayan gwamnatin tarayya mai ƙarfi.

A 1780 ya saurari laccocin shari'a na George Wythe a kwalejin William and Mary na 'yan makonni kaɗan. Iyakar karatunsa na lauya ke nan a gaban malami. Ya zauna a birnin Richmond, ya auri Mary Ambler a 1783, ya yi suna wajen iya tsayar da hujja. A 1797 Shugaba John Adams ya aike shi Faransa tare da waɗansu jakadu biyu. Can mutanen Talleyrand, ministan harkokin waje, suka nemi a ba su toshiya kafin a fara magana, jakadun suka ƙi. Da labari ya iso gida sai sunan Marshall ya cika ƙasa. Aka zaɓe shi Majalisar Wakilai a 1799, a 1800 kuma Adams ya naɗa shi Sakataren Harkokin Waje, wanda hatimin ƙasa ke hannunsa.

Kafin mu ci gaba, ya kamata a san yadda aka tsara mulkin ƙasar. Dattawan da suka taru a Philadelphia a 1787 sun ji tsoron iko ya taru a hannu ɗaya, don haka suka kasa shi uku. Majalisa ita ke yin doka, ita ke da ikon aljihun gwamnati. Shugaban Ƙasa shi ke zartar da doka, sojoji kuwa na hannunsa. Kotu ita ke yanke shari'a. Shugaba ne ke zaɓen alƙali, Majalisar Dattawa ta amince, amma in ya hau kujera ba a sauke shi sai da laifi, ba a kuwa rage masa albashi. Abu guda ne takardar tsarin mulkin ba ta faɗa ƙarara ba: in Majalisa ta yi dokar da ta saɓa wa tsarin mulkin, wa zai ce ba ta halatta ba?

Cikin ukun nan Kotun Ƙoli ita ce 'yar baya. Babban Joji na farko, John Jay, ya bar kujerar a 1795 ya tafi ya zama gwamnan New York, da aka sake yi masa tayi kuwa ya ƙi, domin a ganinsa kotun ba ta da nauyi. Ko da aka ƙaura da gwamnati zuwa sabon birnin Washington a 1800, ba wanda ya gina mata mazauni, sai ɗaki aka ara mata cikin ginin Majalisa. Ba ta sami ginin kanta ba sai 1935. Kujerar da Jay ya raina ita Adams ya miƙa wa Marshall, ya yi rantsuwa ran 4 ga Fabrairu, 1801.

Sa'an nan Adams ya riga ya faɗi zaɓe, Thomas Jefferson ya ci. Marshall da Jefferson 'yan'uwa ne ta wajen uwaye, amma ba sa ga maciji da juna. Kafin Adams ya sauka, shi da jam'iyyarsa suka ƙirƙiro sababbin kujerun alƙalai suka cika su da mutanensu, ciki har da ƙananan alƙalai 42 na gundumar babban birni. Adams ya yi ta sa hannu a takardun naɗi har daren 3 ga Maris. Marshall kuwa, da ya ke bai riga ya ajiye aikin Sakatare ba, shi ya buga musu hatimi. Gari ya waye waɗansu takardun suna nan a ofis ba a kai wa masu su ba. Jefferson ya hau, ya ce a riƙe su. Ɗaya daga cikin waɗanda abin ya shafa, William Marbury, ya kai ƙara Kotun Ƙoli a watan Disamba, 1801, yana neman a tilasta wa sabon Sakatare, James Madison, ya ba shi takardarsa.

A yau alƙalin da ke da hannu cikin magana haka zai janye ne ya bar wa wani, tun da sakacin ofishinsa ne ya jawo ƙarar. Marshall bai janye ba, mu ma ba mu ga dalilin ɓoye wannan ba.

Al'amarin ya zama masa gaba kura baya siyaki. In ya ba da umurni a miƙa takarda, Madison zai yi kunnen uwar shegu, kowa ya gane kotu ba ta da haƙori. In kuwa ya kori ƙarar haka kawai, sai a ce tsoro ya ji. Madison bai ko aiko da lauya ba. Majalisar Jefferson kuma ta soke sababbin kujerun nan na manyan alƙalai a 1802, ta canza lokatan zaman Kotun Ƙoli, har kotun ta yi fiye da shekara ba ta zauna ba.

Ran 24 ga Fabrairu, 1803, Marshall ya karanta hukunci. Ya fara da cewa Marbury yana da haƙƙi, domin naɗi ya cika tun sa'ad da aka sa hannu aka buga hatimi, riƙe takardar kuwa zalunci ne. Ya ƙara da cewa babban ma'aikacin gwamnati bai fi ƙarfin doka ba cikin abin da doka ta wajabta masa. Mai sauraro zai zaci umurni na tafe. Sai ya juya ya ce kotun nan ba ta da ikon ba da shi. Wani sashe na dokar 1789 ne Marbury ya dogara da shi ya zo Kotun Ƙoli kai tsaye, tsarin mulki kuwa ya riga ya lissafa irin ƙararrakin da a ke farawa a wannan kotu, irin ta Marbury ba ta ciki. Majalisa ba ta da ikon ƙara wa kotu abin da tsarin mulki bai ba ta ba, saboda haka wannan sashe banza ne.

Hujjarsa kuwa mai sauƙin ganewa ce. Mutane sun rubuta tsarin mulki don su yi wa masu mulki iyaka. In Majalisa na iya ƙetare iyakar nan duk ran da ta so da doka ta yau da kullum, to, rubutun aikin banza ne. Alƙali kuwa, in dokoki biyu suka yi karo a gabansa, tilas ya zaɓi wadda zai bi, babbar ita ce ta fi cancanta, balle ga shi ya rantse zai tsare ta. Ku duba dabara. Ya tsawata wa gwamnati, bai ba ta umurnin da za ta ƙi bi ba. Ya ƙi karɓar ƙaramin iko, ya tabbatar wa kotu babba. Marbury bai sami takardarsa ba har abada, Jefferson ya ci ƙara amma ransa a ɓace.

Ba Marshall ya fara wannan tunani ba, Alexander Hamilton ya rubuta shi tun 1788. Shi ne dai ya mai da shi hukunci. Bai kuwa sake soke wata dokar tarayya ba har ƙarshen aikinsa. Wannan ƙa'ida ta yi tafiya mai nisa: tsarin mulkin Nijeriya na 1979 da na 1999 sun kasa iko uku kamar haka, sun kuma rubuta ƙarara cewa duk dokar da ta saɓa musu ba ta da amfani gwargwadon saɓawarta.

Wahala ba ta ƙare a nan ba. A 1804 Majalisar Wakilai ta tuhumi ɗaya daga cikin alƙalan kotun, Samuel Chase, mutum mai kaifin baki wanda ya kan zagi gwamnati daga kan kujerar shari'a. Mutane da yawa suna ganin in aka tsige shi, Marshall ne na gaba. Shi ma ya tsorata, har ya rubuta wa Chase cewa gara a ba Majalisa ikon warware hukuncin kotu da a riƙa tsige alƙalai. Da an bi wannan shawara, da ya rushe da hannunsa abin da ya gina. A watan Maris, 1805, Majalisar Dattawa ta kasa haɗa kashi biyu cikin uku, Chase ya tsira, har waɗansu 'yan jam'iyyar Jefferson suka ƙi jefa ƙuri'ar tsige shi. Tun daga ran nan ya zama al'ada a ƙasar ba a tsige alƙali don an ƙi jinin ra'ayinsa.

A 1807 kuma aka gurfanar da Aaron Burr, tsohon Mataimakin Shugaba, gabansa a Richmond, bisa zargin cin amanar ƙasa. Jefferson ya riga ya shaida wa Majalisa cewa laifin Burr ba shakka cikinsa. Marshall ya aika wa Shugaba da kansa sammaci ya kawo waɗansu wasiƙu da mai kare kansa ya nema. Jefferson bai zo ba, amma ya aiko da takardu. Sa'an nan Marshall ya tsaya kan abin da tsarin mulki ya ce, cewa ba a kama mutum da wannan laifi sai shaidu biyu sun ga aikin a fili. Ba a samu ba, aka sallami Burr ran 1 ga Satumba. A birnin Baltimore mutane suka yi mutum-mutumin Babban Joji suka rataye.

Cikin gida kuwa ya gyara kotun da hali, ba da tsawa ba. Dā kowane alƙali ya kan karanta nasa ra'ayi dabam. Shi ya kawo al'adar kotu ta yi magana da murya ɗaya. In sun zo Washington, ya kan sa su sauka a masauki guda, su ci abinci tare, su tattauna ƙararraki da dare. Mutum ne mai barkwanci, ba ya kula da ado, shi ya kan je kasuwar Richmond ya yi cefane da kansa. Shugabannin da ke adawa da shi suka yi ta naɗa alƙalansu don su rinjaye shi, galibi sai ya jawo su, kamar Joseph Story, wanda Madison ya naɗa ya zama babban amininsa. Da haka ya yanke a 1819 cewa jihar Maryland ba ta da ikon ɗora wa bankin tarayya haraji, a 1824 kuma cewa New York ba ta da ikon keɓe wa waɗansu sufurin jiragen ruwa tsakanin jihohi.

Amma fa akwai inda ya gaza, akwai kuma inda kotu ta gaza. Marshall ya mallaki bayi masu yawa, ya saya ya sayar, a ƙararrakin bayi masu neman 'yanci kuwa galibi bayan iyayengiji ya bi. Game da mutanen asali na ƙasar, shi ya yanke a 1823 cewa zama kaɗai su ke da shi a ƙasarsu, ba su da ikon sayar da ita ga kowa sai gwamnati. Daga baya jihar Georgia ta sa ido kan ƙasar ƙabilar Cherokee, inda aka sami zinariya, ta shimfiɗa dokokinta a kansu, ta ɗaure wani mai wa'azi, Samuel Worcester, shekara 4 don ya zauna cikinsu ba da izninta ba. A watan Maris, 1832, Marshall ya yanke cewa Cherokee al'umma ce mai ƙasarta, dokokin Georgia ba su da ƙarfi a can, a saki Worcester. Georgia ta ƙi. Shugaba Andrew Jackson, wanda shi ke son a tashe su, bai motsa ba. Sai a watan Janairu, 1833, gwamna ya saki mutumin da sunan afuwa. A 1838 sojoji suka kora Cherokee zuwa yamma, dubbai suka mutu a hanya, ga hukuncin Kotun Ƙoli a rubuce yana cewa su ke da gaskiya.

Matarsa ta rasu ran Kirsimeti, 1831, bai kuwa sake komawa daidai ba. Wasiƙunsa na waɗannan shekaru cike su ke da fargabar tarayyar za ta wargaje. Duk da haka bai sauka ba, ya riƙe kujerar shekara 34, ƙarƙashin shugabanni 6, ba wani Babban Joji da ya kai shi daɗewa. Ya rasu a Philadelphia, inda ya je neman magani, ran 6 ga Yuli, 1835, yana da shekara 79. Aka kai gawarsa Richmond aka binne kusa da matarsa a maƙabartar Shockoe Hill. Kwana biyu kafin rasuwarsa shi da kansa ya tsara abin da za a rubuta a dutsen kabarinsa: sunansa, da sunayen iyayensa, da ranar haihuwarsa, da ranar aurensa, ya bar gurbin ranar mutuwa. Bai ambaci ko ɗaya daga cikin muƙamansa ba.