Joaquim Pedro de Andrade: Daraktan Da Ya Juya Kamara Ga 'Yan Kallon Ƙwallo

An haifi Joaquim Pedro de Andrade a birnin Rio de Janeiro na ƙasar Brazil ranar 25 ga Mayu, 1932. Mahaifinsa, Rodrigo Melo Franco de Andrade, shi ne shugaban farko na hukumar adana kayan tarihi ta ƙasar. Joaquim ya karanta fiziks a jami'a, amma zuciyarsa ta karkata ga harkar fim. Bayan ya yi karatu a Faransa, ya wuce New York wajen 'yan'uwan nan biyu, Albert da David Maysles, inda ya koyi ɗaukar rayuwar mutane yadda take gudana.

Da wannan ilimi ya koma gida a 1962, shekarar da Brazil ta ɗauki Kofin Duniya karo na biyu a jere. Gwarzon gasar shi ne Garrincha, ɗan wasan Botafogo mai karkatattun ƙafafu, wanda ya taɓa yin leburanci a masaƙar garinsu, Pau Grande. A kansa Joaquim ya shirya fim ɗin gaskiya mai suna Garrincha, Alegria do Povo, wato Garrincha, Farin Cikin Talakawa, wanda aka nuna a bikin fina-finai na Berlin a 1963.

Fim ɗin ya nuna gwanintar ɗan wasan, amma kamarar ta daɗe a kan fuskokin talakawan da suka cika filin Maracanã, masu ihu da masu kuka. Ya kuma dawo da baƙin cikin 1950, lokacin da Uruguay ta doke Brazil a wannan fili. Tambayar da ya ajiye wa mai kallo ita ce: idan ƙwallo ta shayar da talaka mantuwa na minti casa'in, wa ke cin ribar mantuwar?

Tarihi bai jinkirta amsa ba. Sojoji sun ƙwace mulki a 1964. A shekarar da ta biyo baya aka kama Joaquim tare da wasu marubuta da masu fim saboda zanga-zangar adawa da gwamnati a gaban otal ɗin Glória. Da Brazil ta sake cin kofin a 1970, gwamnatin Janar Médici ta mayar da nasarar kayan farfaganda, alhali ana azabtar da 'yan adawa a tsare.

Joaquim ya ci gaba da aiki cikin ƙungiyar Cinema Novo, ya kuma yi suna da fim ɗin Macunaíma na 1969. Garrincha kuwa ya mutu a 1983 cikin talauci, bayan giya ta lalata masa hanta. Joaquim ya bi shi a watan Satumba na 1988, yana da shekara 56, sakamakon ciwon dajin huhu.